Dodon da Ya Tuɓe Takalmi

Duk layin babu mai tuna sunansa na yanka. Darakta ake ce masa, shi kuwa mai gyaran fanka ne. Shagonsa na tsakanin na mai faci da na mai sayar da katin waya, ciki fankoki ne rataye ta ko'ina, wata ba fiffike, wata ba kai, ga dutsen guga da tukunyar lantarki waɗanda masu su suka kawo suka manta. In baƙo ya tambayi dalilin sunan, sai 'yan layi su kalli juna su yi murmushi, su ce ya tambayi mai shi. In kuwa ya tambayi mai shi, sai ya ɗaure fuska ya ce, "Fanka ka kawo ko surutu?"

Dalilin dai shi ne, tun yana saurayi, kansa baƙi wuluk, ya taɓa yin fim. Guda ɗaya tak, na ban tsoro, mai suna Na Cikin Rijiya. Da kyamarar wani mai ɗaukar biki ya yi shi, wadda ya aro ran da babu biki, da kaset ɗaya, da batirin da ba shi da alƙawari. Jinin fim ɗin tumatirin gwangwani ne aka dama da ruwa, ƙudaje suka yi ta raka 'yan wasa har gida. Hayaƙin da ke tasowa daga rijiya maganin sauro ne aka kunna jingim, shi ya sa duk tarin da ake ji a fim ɗin na gaske ne. Gurnanin dodo kuwa wata tsohuwar fanka ce da ƙarfenta ya cinye, Darakta ya kara mata makirfo. Hatta daren da ake gani a ciki da rana tsaka suka yi shi, suka toshe tagogi da barguna, zufa na karyo wa kowa.

Dodon shi ne amininsa, Dogo tela. Shi ya ɗinka kayan da hannunsa daga buhunan gawayi da soson tsohuwar katifa, ya yi idanu da jar fitilar bayan keke, ya samo takalmin roba irin na masu yashe kwata, ya manna masa faratan gwangwani. Maganar gaskiya, in ka gan shi ya taso daga bakin rijiya da wannan tsawo nasa, ba sai an ce maka ka nemi hanya ba.

A falon suruka abin ya ɓaci. Lokacin Darakta neman aure yake yi, budurwar tasa ce tauraruwar fim ɗin, kuma falon mahaifiyarta suka roƙa don ɗaukar babban wurin, inda dodo zai shigo ya tarar da yarinya tana taje kai gaban madubi. Da ƙyar tsohuwar ta yarda, domin a makon ta shimfiɗa sabon kafet, ja mai furanni, wanda ko 'yan gidan sai sun wanke ƙafa suke takawa. Ta jawo kujera ta zauna bayan kyamara, ta naɗe hannu. Darakta ya ce a fara. Dodo ya taho, ƙasa na amsa takunsa, ya iso bakin ƙofa, ya ɗago kai, suka haɗa ido da tsohuwa. Sai ya sunkuya, ya tuɓe takalman nan, ya jera su gefe guda, har ya gyara na hagun da ya ɗan karkace. Sannan ya shiga da safa, ɗaya ma ta huje a babban yatsa.

Darakta ya so ya ce a tsaya, amma ga fitilar batir na ƙiftawa, kaset kuma babu na biyu. Ya cije ya ci gaba da ɗauka, hannunsa na kan kyamara, ransa na kan takalmi. A wancan zamanin ba su da abin yanke fim. Abin da ya shiga kaset ya shiga ke nan.

Ran da aka fara nuna shi a gidan kallon unguwa, bencina suka cika har da masu tsayuwa. Da farko an yi tsit, mata na rufe ido da gyale, Darakta na gefe yana jin kansa kamar wani gwamna. Da aka zo wurin takalmi sai wani daga baya ya ɗaga murya, "Kai, wannan dodon ya samu tarbiyya!" Ɗaki ya ɗauki dariya. Darakta ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Ya sulale ta ƙofar baya, bai tsaya ba sai shago. Daga ranar bai ƙara taɓa kyamara ba, kuma duk inda aka sa fim ɗin, da zarar dodo ya sunkuya, shi kuma zai miƙe. An sha gaya masa cewa bayan dariyar ihu ake yi. Ya ɗauka lallashi ne, irin wanda ake yi wa yaron da ya faɗi jarrabawa.

Aure dai an yi shi. Tsohuwar, Allah ya jiƙanta, cewa ta yi duk wanda abokinsa ke da ladabi haka ba za a rasa alheri a wurinsa ba. Shi ya sa har yau in gardama ta yi zafi Dogo kan ce, "Ka dai bi ni a hankali, ni na aura maka mata."

"Kai ka kashe mini sana'a dai," in ji Darakta.

"Wace sana'ar? Ga ka da fankoki har rufi."

Kullum da yamma haka suke. Dogo zai zo da filas ɗin shayi, ya zauna a bencin da ke ƙarƙashin fanka ɗaya tilo mai aiki a shagon, su yi ta cacar baki har rana ta sauka. Idon Dogo ya yi rauni yanzu, ba ya iya zura zare a allura, shagon ɗinkin ma ya bar wa 'ya'yansa. Ƙafafun ne dai har yanzu in ya miƙe su sai mai wucewa ya tsallaka.

Abin da ya fi ba Darakta haushi shi ne fim ɗin ya ƙi mutuwa. Finafinan da aka yi da manyan kyamarori a wancan lokacin duk sun bi ruwa, shi kuwa na buhun gawayi ya tashi daga kaset ya koma faifai, daga faifai ya shiga wayoyi. Yaran da ba a haifa ba lokacin da aka yi shi sun haddace shi tsaf. Akwai masu saka riga da hoton takalmi biyu a ƙirji. Autarsa, wadda sana'arta tace bidiyon biki a kwamfuta, ta sha kawo masa waya ta ce, "Baba, kalli wannan sabon fim ɗin. Ka ga takalmi a bakin ƙofa? Don kai suka sa." Sai ya ture wayar. A ganinsa ba girmamawa ba ce, dariyar nan ce dai ta gidan kallo ta hayayyafa. Dogo kuwa ko a jikinsa. Samari na tare shi a hanya su ɗauki hoto da shi, ya yi musu gurnani, ya dawo shago baki har kunne.

Buri ɗaya ya rage wa Darakta, bai kuma taɓa faɗa wa kowa ba. Yana so kafin ya bar duniya ya zauna cikin mutane, ko sau ɗaya ne, ya ga an ji tsoron fim ɗinsa.

Ana nan sai wata rana wata matashiya mai tabarau ta zo shago. Ba fanka a hannunta. Ta durƙusa ta gaishe su, ta ce ita ma fim take yi, kuma su da abokan aikinta sun kama babban ɗakin taro za su nuna Na Cikin Rijiya a majigi, suna roƙon shi da dodon su zo a gan su.

"Don ku yi dariya?" in ji Darakta.

"A'a wallahi, Baba. Ni saboda fim ɗinku na fara. Na ga an yi shi da buhu da fitilar keke, na ce ashe ni ma zan iya."

Wannan magana ba ta yi masa daɗi yadda ta zata ba, amma ta kawo masa dabara. Ya ce zai zo, bisa sharaɗin shi zai kawo fim ɗin da hannunsa. Ta amince da murna. Tana fita Dogo ya hau lissafin rigar da zai sa.

Washegari da safe Darakta ya tsaya a kan Auta tana aiki.

"Wannan na'urar taki, tana iya cire abu daga cikin fim?"

"Har mutum ma tana cirewa, Baba. Jiya na cire wata ƙanwar uwar ango daga biki gaba ɗaya."

"To takalmi fa?"

Auta ta ɗago ta dube shi. "Haba Baba. Wannan ai kamar a cire wa shayi sukari ne."

"Masu ciwon suga haka suke sha, kuma suna nan da ransu. Cire."

Ta yi magiya, ta kira mahaifiyarta ta taya ta. Uwar ta leƙo daga kicin ta ce, "Ki yi masa abin da yake so. Wanda ya ƙi ji ai ba ya ƙi gani ba." Auta ta ja tsaki can ciki inda ba zai ji ba, ta danna nan ta danna can. Abin da ya hana shi barci tun yana saurayi, kafin shayinsa ya huce ya ɓace. Ta ma ƙara takun takalmi a cikin falon, dim, dim, dim, yadda ya tsara tun asali.

Da yamma ya kira Dogo gida don ya gani. Bai gaya masa komai ba. Suka zauna a falo, aka ja labule. Dogo ya matso da kujera kusa da allo saboda idonsa, yana bin maganganun 'yan wasa da baki. Dodo ya taso daga rijiya, ya ratsa tsakar gida, ya iso ƙofa. Dogo ya fara murmushi, ya ɗaga yatsa yana jira. Sai kawai ga dodo a cikin falo, dim, dim, yarinya ta yi ihu, aka wuce.

Yatsan Dogo ya daɗe a sama kafin ya sauke shi.

Babu wanda ya yi dariya, Darakta ya lura da wannan, ya ji sanyi. Amma babu wanda ya motsa ma. Matarsa na ta ninke kayan wanki, Auta na latsa waya.

"Yaya ka gani?" ya tambayi Dogo.

"Ya yi kyau," in ji Dogo. "Ya zama fim sosai." Ya miƙe a hankali, ya ce wa matar Darakta, "Amaryarmu, sai da safe," don har yau haka yake kiranta. A bakin ƙofa ya ɗan jima yana laluben takalminsa da ƙafa.

Washegari bai zo shago ba. Jibi ma haka. Darakta ya aika a tambaya, aka ce lafiyarsa ƙalau, yana ɗaki. Bencin nan ya zauna ba kowa, fanka na ta hura iska a banza. Darakta ya warware kan wata fanka ya mayar, ya sake warwarewa, ya rasa abin da ke damunta, ashe ba a ma jona ta da wuta ba. Ya yi kewar abokinsa ƙwarai, amma girman kai ya hana shi takawa. Ya riƙa ce wa kansa fim ai nasa ne, shi ya ari kyamara, shi ya sha kunya.

Ranar taro, suna shirin fita, Auta ta miƙo masa filashi biyu na kwamfuta, kowanne da fim ɗin a ciki.

"Baƙin shi ne sabon. Jan shi ne tsohon."

"Me zan yi da tsohon?"

"Saboda ko-ta-kwana, Baba. Aljihu biyu gare ka."

Ya sa baƙin a dama, jan a hagu, don kawai kada a tsaya gardama.

Bayan azahar suka isa. Tun daga bakin titi suka ga mutane, samari da 'yan mata, har da masu furfura jefi-jefi. Darakta ya gyara hula ya nufi ƙofar ɗakin taron, sai ya ja ya tsaya. Barandar gaba ɗaya takalma ce. Silifas, kambas, sau-ciki, masu tsini na mata, duk an jera su biyu-biyu, layi bayan layi, har gindin matakala. Duk wanda ya iso sai ya sunkuya, ya tuɓe, ya jera, ya ɗan gyara na hagun, sannan ya shiga.

Mai tabarau ta taho da gudu ba takalmi. "Sannu da zuwa, Baba! Haka muke yi duk inda za a nuna shi. Ba wanda ya kafa dokar, haka kawai ta zama."

Ran Darakta ya ɓaci. Wato tun ba a kunna majigi ba an fara yi masa tsiya. Ya sa hannu a aljihun dama ya damƙe baƙin filashi, yana cewa a ransa yau za su ga fim.

Sai ya hango Dogo. Ya sha babbar rigarsa ta zuwa ɗaurin aure, da jakarsa ta tela rataye a kafaɗa, yana tafe a hankali tsakanin layukan takalma. In ya ga wanda ya karkace sai ya sunkuya da wannan bayan nasa mai ciwo ya daidaita shi. Samari sun zagaye shi suna cewa, "Baba Dodo, yi mana yadda ka yi!" Shi kuwa yana dariya har da share ido da hannun riga. Ya san sarai abin da ke aljihun abokinsa, ya san ba za a gan shi yana tuɓe komai ba yau, amma ya zo, kuma ga shi yana morar ɗan abin da ya samu tun a waje.

Darakta ya daɗe yana kallonsa. Tausayi ya kama shi, kunya ta biyo baya. Idon mutumin nan ya tafi, allura ta fi ƙarfinsa, abin da ya rage masa a duniya da ake tsayar da shi a hanya saboda shi takalmin nan ne.

"Baba, fim ɗin?" in ji mai tabarau, ta miƙo hannu.

Ya zare hannu daga aljihun dama, ya sa a hagu. "Ungo. Ki kula da shi, tsoho ne."

Auta, da ke bayansa, ta buɗe baki za ta yi magana, uwar ta take mata ƙafa.

Ya riga ya tsara yadda zai yi. Zai zauna har dodo ya iso ƙofa, sannan ya fita kamar yadda ya saba, ya sa takalminsa, ya zagaya baya ya jira a gama. Su yi dariyarsu, Dogo ya ji daɗi, shi ke nan. Ya tuɓe takalminsa ya ajiye can ƙarshen layi, kusa da ginshiƙi, inda zai same su da sauri. Dogo ya matso, suka gaisa sama-sama kamar waɗanda suka haɗu a tasha.

Aka zaunar da su a tsakiyar layin gaba, matarsa a dama, Dogo a hagu da ƙafafunsa miƙe sun tare hanya. Aka rufe tagogi, aka kashe fitilu. Fim ya fara. Darakta bai taɓa ganinsa da girma haka ba. Ga ɗinkin buhu ana gani ɓaro-ɓaro, ga wani ƙuda ya sauka a kan jinin tumatir, ga inuwar mai riƙe da maganin sauro a bango. Mutane na ta shewa, suna faɗin magana kafin 'yan wasa su faɗa. Da matarsa ta fito a allo, siririya da ita, aka yi tafi. Ta rufe fuska da gyale tana cewa, "Kai, jama'a, dubi wuyana a lokacin."

Dodo ya taso daga rijiya. Tsohuwar fanka ta yi gurnani. Ya ratsa tsakar gida, ya iso ƙofa, ya ɗago kai. Dogo, da ke jiran a tsallake, ya ga dodo ya sunkuya. Ya juyo ya kalli abokinsa cikin duhu.

Dariya ta fashe, ta fi ta gidan kallo nesa ba kusa ba. Wasu na buga kujera, wasu na tafi, ɗakin gaba ɗaya ya haɗa baki, "Ya samu tarbiyya!" Darakta ya yunƙura zai miƙe, ya ji an riƙe masa gefen riga.

"Ina za ka?" in ji Dogo ƙasa-ƙasa.

"Sakar mini riga. Waje zan sha iska."

"Da wane takalmin?"

"Suna gindin ginshiƙi."

"Ɗazu dai suna can," in ji Dogo, ya dafa jakarsa. "Tsakuwar wajen kuwa ta sha rana. Zauna."

Matarsa ta kama ɗaya hannun rigar ba tare da ta ɗauke ido daga allo ba. Darakta ya koma ya zauna daɓas, ya sunkuyar da kai, yana jiran a gama cin mutuncinsa.

Sai ya ji dariyar na raguwa. Ta ragu, ta ragu, har ta ƙare. Ya ɗago kai.

Dodo na cikin falo. Babu taku, babu gurnani, don a ranar ma mai kula da fankar dariya ta hana shi kunnawa. Yarinya na gaban madubi tana taje kai, tana ɗan karkata kunne kamar mai jiran wani abu. Bayanta abin nan baƙi na matsowa a kan jan kafet, safa na nutsewa cikin furanni, ko ƙwaƙƙwaran motsi babu. Ta ci gaba da taje kai. Ya ƙara matsowa. A ɗakin taron ba ka jin komai sai ƙarar majigi. Wata a layin baya ta ce a hankali, "Ki juyo mana, ki juyo." Darakta ya ji tsigar jikinsa ta tashi. Shi da ya riƙe kyamarar, shi ne yau ya ƙanƙame hannun kujera. Jajayen idanun nan suka bayyana a madubi, daidai kafaɗarta.

Ihun da ta yi a allo, da wanda ɗakin ya yi, tare suka tashi. Wani ƙato a bayansu ya zame daga kujera. Mai tabarau, wadda ta ce ta kalle shi ba adadi, ta ƙanƙame ta kusa da ita. Darakta kansa sai da ya ce, "Wayyo!" ya damƙi gwiwar Dogo.

Bayan ihun sai wata dariyar ta biyo, ta waɗanda suka tsira, kowa na duban na kusa da shi yana dafe ƙirji. Darakta na zaune, hawaye na bin kumatunsa, bai ma damu ya share ba. Daɗi ne ya cika shi, irin wanda bai ji ba tun ran da aka ba shi mata.

Matarsa ta matso kusa da kunnensa. "Ka ce mini in na ji takunsa in juyo in yi ihu. Na yi ta jira ban ji komai ba. Ihun nan da ka ji ba na wasa ba ne, Malam. Sai da na kwana biyu ban kalli madubi ba."

"Me ya hana ki gaya mini tuntuni?"

"Sau nawa? Da na ce takalmi sai ka tashi."

Da aka kunna fitilu aka yi ta tafi har hannu ya yi zafi. Aka kira su gaba. Wani saurayi ya karɓi makirfo ya tambaya, "Baba Darakta, yaya aka yi ka yi tunanin sa mutane dariya kafin ka tsorata su?"

Darakta ya gyara murya. Ya ga Auta na harararsa daga layin gaba, ya ga Dogo na kallon rufi kamar ba shi a wurin.

"Ba ni ba ne," ya ce. "Mu uku ne. Ni na riƙe kyamara, wannan ya tuɓe takalmi, surukata kuma ta harare shi. A cikinmu ita ce daraktar, Allah ya jiƙanta."

Aka ce amin cikin dariya.

A waje rana ta yi sanyi, baranda ta hargitse, kowa na neman nasa. Darakta ya tsaya gindin ginshiƙi da safa, yana amsa gaisuwa, ana ɗaukar hoto da shi. Auta ta zo ta miƙa hannu.

"Baba, kawo baƙin filashin in goge."

"Bar shi. Zan riƙa ɗora shi a kan takardun shago kada fanka ta kwashe."

Da mutane suka ragu, Dogo ya taho yana jan ƙafa. Ya buɗe jakar tela, ya fito da takalman abokinsa. Ya sunkuya da ƙyar, yana nishi, ya jera su a gabansa, ya gyara na hagun.

"Ɓarawo," in ji Darakta.

"Dodo dai," in ji Dogo. "Sa mu tafi. Gobe kai za ka kawo shayi, nawa filas ɗin ya gaji."

Darakta ya zura ƙafa, ya kama hannun abokinsa saboda matakala, suka sauka tare.